Bakin Gyoza Ya Ƙi Kamuwa

Yaya Fumie,

Ina gaisuwa daga Kushiro. Yaya gwiwar Mama a wannan sanyi? Yaya maigidanki? Ni lafiya lau, kamfanin kifi ma ya ba ni hutu.

Jiya kewar gida ta dame ni, na ce bari in yi gyoza irin tamu ta Utsunomiya. Na matse kabeji da gishiri, na cakuɗa da niƙaƙƙen naman alade da ganyen nira mai ƙamshin tafarnuwa, na zuzzuba a kan 'yan fallayen kwaɓaɓɓiyar fulawa. Wajen kalmasa bakinsu ne abin ya gagara. Kin san aikin babban yatsa ne da manuniya, injin yanka kifi kuwa ya ɗan taɓa min na hannun dama. Duk suka fashe a kasko. Maƙwabcina Terada ya leƙo ya ce, "Kai, gyoza ce wannan ko haɗarin mota?" Da ya ga hannun sai ya karɓi kaskon ya wanke min.

Kada Mama ta ji, ita da take alfahari da kalmasata. Ki aiko min da abin roban nan na matse bakin gyoza, wanda take kira kayan ragwaye. Ki zaɓi mai ƙwari, Yaya, don zan daɗe ina amfani da shi.

Ki shafa min kan yara.

Ƙaninki,
Shigeru