Ruwan Maƙera

Dala, Maiduguri
Oktoba, 1965

Yaya Phoebe,

Gaisuwa cikin sunan Ubangiji, tare da fatan ke da Mama da yara kuna lafiya.

Sakamakon gwajin ƙanenki Wilson ya dawo daga Ibadan. Likita ya ce ƙarfe ne ya taru masa a hanta da zuciya. Na sa ya maimaita, ya maimaita. Ƙarfe, irin wanda ke cikin maganin ƙarin jini.

Ga bayanin da ya yi mini. Zuciyar ba girma ta yi ba, tauri ta yi. Ya ce in tuna salkar da ta bushe a rana, ko an zuba mata ruwa ba ta buɗewa ta karɓa. Jinin da ya kamata ya shige ta sai ya tsaya a baya. Shi ya sa ƙafafunsa da cikinsa suka kumbura, shi ya sa yake barci a zaune. Duhun da fatarsa ta yi, wanda muka ɗora wa ranar Barno, shi ma daga nan yake.

Ya tambayi abin da mijina yake sha. Na ambaci kwalaben ƙarin jini da muke saya a kemis ɗin Onyema tun da gajiyar ta fara. Wilson da bakinsa ya ƙara da ruwan maƙera da Mama ke aiko masa. Likita bai san shi ba, sai da Wilson ya gaya masa cewa gidanku gidan maƙera ne, kuma duk yaron da aka yaye ana ba shi ruwan da ake tsoma jan ƙarfe a ciki, don ya yi jini. Likita ya ce akwai jikin da ke riƙe ƙarfe fiye da kima, na Wilson irinsa ne, kuma ba zai ce ruwan kaɗai ya jawo ba.

Maganin da likita ya ce za a yi masa ne ya hana ni cin abinci. Za a riƙa ɗibar jininsa kaɗan-kaɗan, wata da watanni, don ƙarfen ya bi jinin ya fita. Ya ce in ba a yi ba, da wuya ya ga damina. In an yi ma, bai yi mini alkawari ba.

Yaya, ki taya ni gaya wa Mama. Ni ban san ta inda zan fara ba.

Ƙanwarki,
Margaret

Biu
Oktoba, 1965

Margaret ƙanwata,

Na gaishe ki, na gaida mai jiki. Wasiƙarki ta zo.

Na karanta wa Mama, na fassara mata layi-layi. Da na zo kan ruwan maƙera ta ce in tsaya. Ta ce, "Mu tara muka sha, ku bakwai kuka sha. Wa ya mutu?" Na ce likita ya ce jiki ya bambanta. Ta ce, "Likitan ne ya haife shi?" Yau da safe na same ta a maƙera tana cika kwalba da ruwan.

Kada ki ɗauka taurin kai ne. Babanmu a idonta ya tafi, bayan ya yi ta aman jini. Abin da ta sani shi ne jini in ya fita, mutum ya kan bi shi. Ni kaina, Margaret, da na je makaranta, in na tuna mutumin da ba ya iya ɗaure takalmi za a zuƙe wa jini, sai in kasa yarda. Kin tabbata kin ji Turancin da kyau? Ba ƙari ya ce ba?

Babban yayanmu Dzarma ya ji labari. Zai rubuto miki. Ki yi haƙuri da bakinsa, kin san shi.

Allah ya ba shi lafiya, ke kuma ya ƙarfafa ki.

Yayarki,
Phoebe

Biu
Nuwamba, 1965

Zuwa ga matar ƙanena Margaret,

Bayan gaisuwa da fatan alheri.

Iyali sun zauna a kan maganar Wilson. Ba mu yarda a ɗebi jininsa ba. Mun gode miki da jinyar da kike yi, ba wanda ya ce kin gaza. Amma shi ɗan gidan nan ne tun kafin ya zama mijinki, kuma in abin ya zo, ba za a binne shi cikin baƙi ba.

Zan shigo Maiduguri da motar gyaɗa. Ki haɗa masa kayansa.

Na bar ki lafiya.

Dzarma

Dala, Maiduguri
Nuwamba, 1965

Yaya Phoebe,

Gaisuwa. Ki gafarta mini rubutun nan, a tsaye nake yinsa.

Wilson ba ya asibiti. Ya bi Yaya Dzarma yau da hantsi, ina makaranta ina koyarwa. Zan ba wa fasinjan motar rana wannan takarda, ya kamata ta iske ki jim kaɗan bayan su.

Turancin na ji shi daidai. Na ma kai Onyema wurin likita don a samu kunne na biyu. Da muka fito ya tsaya a ƙofa ya ce, "Madam, shekara nawa ina ba wa Malam ƙarin jini, ashe fitarwa ake nema." Ya kwashe kwalaben da suka rage a gidanmu da hannunsa.

An ɗebi jinin sau biyu kafin Yaya Dzarma ya iso, da yardar Wilson. A na farko har da wasa. Ya ce wa nas, "Sista, ki rage mini na cefane." A na biyu ne ya hango ta taga ana juye kwalbar jininsa a rami. Tun daga lokacin ya daina wasa. Ya riƙa jan ƙasan idonsa yana dubawa a madubina, yana tambayata ko ya yi fari.

Da Yaya Dzarma ya same mu a asibiti, bai yi faɗa ba. Da ma faɗan ya yi. Zama ya yi a bakin gado ya ce, "Akuya ma in an yanka ana tare jininta a ƙwarya. Kai naka rami ake zubawa." Na ce, "Yaya, jinin zai dawo, ƙarfen ne ba zai dawo ba." Ya ce, "Ke kin taɓa ganin ƙarfen?" Ban taɓa gani ba. Abin da na gani kwalba ce ta jinin mijina, kamar yadda shi ma ya gani.

Saƙon da Wilson ya bar mini wurin nas gajere ne: "Ki ce mata ba fushi na yi ba. Tsoro nake ji."

Likita ya ce hanyar Biu kaɗai tana iya yi masa illa. Don Allah in ya iso, kada a kwantar da shi shimfiɗe, a jingina shi da matasai. Kada a sa masa gishiri. Kada a ba shi ruwan nan. Na san ba ke za a saurara ba, amma ki tsaya a ƙofar ɗakin.

Ƙanwarki,
Margaret

Biu
Nuwamba, 1965

Margaret,

Gaisuwa. Motar gyaɗa ta iso, Dzarma kaɗai ya sauka.

Ya ce da suka tsaya a Damboa, Wilson ya zauna a inuwa yana ta kallon ƙafarsa. Can ya ce, "Yaya, ka ga takalmin nan? Yau ya shiga. Tun Ista bai shiga ba." Sai ya ce shi Maiduguri zai koma. Suka yi ta ja har direba ya tayar da mota. Dzarma ya yi fushi, ya damƙa shi ga wani direban da ke lodin itace zuwa wajenku, ya hau ya taho. Bai tambayi sunan direban ba. Yanzu yana zaune a bayan maƙera, ya ƙi shiga gida.

Wata mata da suka zo tare ta ce ta ga an tallafi Wilson an ɗora shi a gaban motar itacen. Dzarma bai gani ba. Na buga miki waya daga gidan waya, har na rufe wannan takarda amsa ba ta zo ba.

Allah ya tsare.

Phoebe