Ƙullin Yajin da Kika Aike Ni Saye

Yaya Hajara,

Assalamu alaikum. Ina gajiya, ya zafin Kuseri? Ya maigida da yara, ya ƙafar taki? Mu nan Garwa sai godiya.

Kin san duk Talata ina ganin likitar ƙwaƙwalwa, saboda ciwon nan da ke sa in so mutum da safe, in tsane shi da yamma. Ba allura, ba ƙwaya, magana kawai muke yi. To, watan jiya ta tafi hutu, na ƙullace ta. Da ta dawo na zauna gabanta na yi gum, don ita ma ta ɗanɗana. Can ta ce, "Asabe, wa ya taɓa tafiya ya bar ki ba sallama?"

Yaya, ke kika faɗo mini a rai. Bayan rasuwar Inna ke ce uwata. Ranar da za a kai ki gidan miji kika aike ni sayen yaji, wai kada in yi kuka. Na dawo da ƙullin a hannu, na tarar da ɗaki wayam.

Likita ta ce abin da baki ya riga ya faɗa, ba sai an rama shi ba. Na faɗa, kuma wallahi sai na rama. Kin ce za ki zo da Sallah. Ki zo. Ranar zan tafi garin Lagdo, ki zauna ɗakina ki jira.

Ki gaida kowa, ki sa ni a addu'a. Yajin yana nan, shekara ashirin ban kwance shi ba. Zan bar miki shi kan tabarma.

Ƙanwarki,
Asabe