Wanda Zai Tsallaka Sundus

Al-Azizya, Madina
Ran Lahadi

Zuwa ga ƙanwata Zulaiha, a Damagaram.

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kina lafiya, ke da yara da jikoki. Yaya kunnen? Mu nan alhamdu lillahi, sai gwiwa da ta ƙi ni, ni ma na ƙi ta.

Rabona da aiko miki da takarda tun shekarar annoba, da aka rufe ƙofofin Masallacin Annabi, muna jin kiran salla muna yi a ɗaki. Ba mantuwa ba ce. A waya kuwa in na yi magana ba kya ji, in kin yi ihu ni na ji har ya yi yawa. Yau dole ta sa na zaunar da 'yata Wafa, daga dawowarta makarantar da take koyarwa, na ce ta rubuta da baƙaƙen Larabci don ki karanta da idonki. Za ta ɗauki hoton takardar ta tura miki. Kada ki nuna wa kowa.

Maganar Tasallah ce, ɗiyar marigayiya Sara, Sarar da kuka sha nonon Inna tare. Har yanzu tana dafa wa direbobin motocin alhazai abinci a Bi'ir Ali. Maƙwabcinta Sharfuddeen, ɗan Ƙaltume, wanda ke lodin kaya a filin jirgi, yana da yarinya, Sundus. Zazzaɓi ya kama ta. An kai ta asibiti, an ba da magani an sallamo ta, jikin bai sake ta ba. Cikin zafin ciwo ta riƙa kiran sunan Tasallah. To wa za ta kira? Kullum Tasallah ce ke ajiye mata ƙosai a gefen tire. Amma Ƙaltume ta tashi ta ce an kama kurwar jikarta.

Jiya suka zo gidana, uwa da ɗa. Kin san ni ake kira in za a ɗaura aure, in faɗi wane ɗan wane ne, su wa suka ƙetaro teku ta Sawakin, su wa aka binne a hanya. Ko alif ban sani ba, amma asalin mutanenmu na nan duk yana kaina. Suka ce tunda maita a nono ake sha, in faɗa musu ko akwai ta a dangin uwar Tasallah. Na ba su shayi. Na ce ban manta komai ba, kuma ba zan faɗi komai ba. Sharfuddeen ya juya Larabci, ya ce ai akwai Hajiya Zulaiha, za a sa a tambaye ta.

Shi ya sa na rigaye shi. Ke kina goye lokacin da abin ya faru, rabin labari kika ji a bakin mata. Ni da ƙafata nake tafiya, na gani.

A hanyarmu ta zuwa Makka a ƙasa, mun wuce Abeshe, ayari ya sauka bakin wata rijiya. Ɗan madugu ya kwanta ciwo. Halimatu, uwar Sara, mijinta ya rasu a hanya, ba ta da mai tsaya mata, ga jaririya a baya. Ita ta ba yaron fura, sai aka ce ita ce. Aka ce ta tsallaka shi ta sakar masa kurwa. Ta yi rantsuwa, ba a ji ba. Da ta ga uwar yaron na birgima a ƙasa, tausayi ya kama ta, ta ɗaga ƙafa ta tsallaka. Bayan kwanaki yaro ya tashi ya nemi abinci. Nan matan suke tsayar da labarin, su ce kin ga kuwa.

Ga sauran. Da ayari zai tashi, madugu ya ce ba a kai mayya ƙasar Annabi. Inna ta roƙa aka ba ta jaririyar. Muka bar Halimatu a bakin rijiyar nan da ƙwarya ɗaya. Ba ta biyo mu ba, ba ta yi kururuwa ba. Na yi ta waiwaye har Baba ya juya min kai da hannunsa. Zazzaɓin nan ya kama yara da dama a ayarin, har da ni, muka tashi ba wanda ya tsallaka mu. Wannan ba mai faɗa.

In an aiko miki, ki ce kunnenki ba ya ji. Ba ƙarya kika yi ba.

Ki gaida yara. Ki sa mu a addu'a.

Yayanki,
Audi

Al-Azizya, Madina
Ran Alhamis

Zuwa ga ƙanwata Zulaiha.

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa, ina fatan kin tashi lafiya, da mutanen gida baki ɗaya. Saƙonki ya iso, Wafa ta karanta min. Na ji yadda kika sallami ɗan aiken nasu, kika yi ta tambayarsa ko gero yake sayarwa. Na yi dariya har tari ya sarƙe ni. Allah ya yi miki albarka. Sai dai shirun namu bai kashe wutar ba. Sun ce in da alheri ne da tuni mun faɗa.

Sundus tana nan kwance. Likita ya canja magani, ya ce a ba shi 'yan kwanaki. Ƙaltume ba za ta jira ba. Sharfuddeen ya aika wa Tasallah cewa gobe Juma'a da hantsi ta zo ta tsallaka yarinyar. Wai sun yi mata adalci, ba za a tuɓe ta ba kamar yadda ake yi a can gida. In ta ƙi, zai kai ƙara cewa sihiri take yi. Kin san nauyin wannan kalma a ƙasar nan. Tasallah a Madina aka yanke mata cibiya, amma iƙama kawai gare ta, wato izinin zama, takardarta ta Chadi ce. Ko an bincika an wanke ta, mutumin da ya tsaya mata a takarda ba zai ƙara son jin sunanta ba. Sai a sa ta a jirgi zuwa ƙasar da ba ta taɓa gani ba. In kuma ta tsallaka, ga sabon magani yana aiki, yarinya ta tashi, shi ke nan an tabbatar. Wa zai ƙara cin abincinta? Wa zai auri 'ya'yanta mata? Kuma duk yaron da ya yi atishawa a Azizya, ƙarar nan dai za a kai.

Ban ce Sharfuddeen mugu ba ne. Na gan shi a masallaci, ya rame, idonsa ja. Uba ne da 'yarsa ke narkewa a gabansa. Limaminmu ya yi masa nasiha, ya ce to, ya koma gida uwarsa ta yi kuka, nasiha ta bi iska.

Da nake ba Wafa wannan labari sai ta ajiye alƙalami. Ta ce a tarihin da take koyarwa akwai irinsa. Wai a ƙasashen Turawa, shekaru ɗaruruwa da suka wuce, an yi zamanin da ake gurfanar da mata a gaban alƙali a kan maita, dubbai aka kashe. A wasu garuruwan sai a ɗaure mace a jefa ta ruwa: in ta taso sama mayya ce, in ta nutse ba ta da laifi, in an yi sa'a a jawo ta da rai. Yawanci, in ji ta, gwauraye ne da tsofaffi da marasa gata. Na ce ta maimaita min. Zulaiha, duk tsawon raina ina zaton jahilcinmu ne mu kaɗai, mutanen daji masu tafiyar ƙasa. Ashe har masu alƙalai da littattafai sun haƙa irin wannan rami. Ban san ko daɗi na ji ko baƙin ciki ba. Na tambaye ta yaya aka yi suka daina. Ta ce a hankali ne. Daga cikin dalilan, zargi ya riƙa hawa sama har ya taɓa manya, masu ƙarar suka fara jin tsoron bakinsu. Wannan magana ta zauna min.

Abin da ya karya min zuciya shi ne zuwan Tasallah jiya da la'asar. Ta zauna bakin ƙofa, ta ƙi shan ruwa a kofinmu. Ta ce Kawu, ka gaya min gaskiya, ko ina da abin nan ban sani ba? Ta ce in tsallakawa za ta tashi Sundus, ita za ta yi, don yarinyar a hannunta ta koyi tafiya. Kin ji? Mace mai azumin Litinin da Alhamis, an kai ta ga tuhumar cikinta. Na ba ta labarin kakarta duka, har da rabin da ba a faɗa. Ta yi kuka, ta ce duk da haka za ta je, don ba za ta iya ɗaukar gawar yarinya a wuyanta ba. Na yi faɗa, na buga sanda. Taurin kai ba ni kaɗai Inna ta shayar ba, har da uwarta Sara.

To ga inda na tsaya. Ƙaltume ta aiko cewa in zo gobe a matsayin dattijo, in zama shaida. Na ce zan zo. Sun shimfiɗa wa yarinyar katifa a ƙasa a tsakar ɗaki don aikin. Ni ɗan ƙasa ne tun zamanin da Baba ya samar mana takarda, ba jirgin da zai ɗauke ni. Tun safe nake ajiye matashin kai a ƙasa ina gwada ɗaga ƙafa. Na faɗi sau ɗaya. Wafa ta ce na haukace, ta yi min Larabci mai yawa, sannan ta zo ta riƙe min hannu muka sake gwadawa.

Na san abin da zan rasa. In Sundus ta tashi, ba mai ƙara kirana ɗaurin aure, yara za su riƙa sauya hanya in sun hango ni, asalin mutanenmu ya bi ni kabari. Ya yi min ciwo, ba zan ɓoye miki ba. Amma duk gidan da zai ce Audi maye ne, sai ya tuna aurarrakin da suka haɗa jininsa da nawa, kuma ni na ɗaura rabinsu. Na roƙi Allah gafara a kan aikin da na san ba ya warkar da kowa. Shi ya san niyyata.

Gobe in Allah ya kai mu, daga sallar asuba zan sha kokona, in sa farar rigata, in tafi gidan Sharfuddeen tun Tasallah ba ta fito ba. Zan yi sallama, in duba mai jiki, in yi mata addu'a. Sannan a gaban uwarsa da duk wanda ke wurin, in dogara sandata, in ce bismillah, in tsallaka yarinyar nan. In ta warke, sai su zo su ce ni ne.

Ki gaida kowa da kowa. Ki yi wa Sundus addu'a, ki yi wa gwiwata.

Yayanki,
Audi