Wa Zai Riƙe Mana 'Ya'ya Muna Ɗiban Ruwan Ganuwa?

Zuwa ga shugaban aikin ganuwa na Birnin Gwari. Gaisuwa da ban girma, ranka ya daɗe. Ni ce Ramatu, matar marigayi Audu maƙeri. Malamin unguwarmu na roƙa ya rubuta mini, a karanta a kasuwa kowa ya ji.

Na farko, ban ƙi aikin ganuwa ba. Maharan da ke fitowa daga daji su suka kashe mijina a hanyar Kuyello. Na fi kowa son ginin nan ya tashi.

Na biyu, tun kakanninmu, in aikin ya zo, ana barin tsohuwa ɗaya a kowace unguwa ta riƙe yara. Tamu Iya Dije ce, mudun dawa muke ba ta duk Juma'a. Bana ka ce kowane gida sai ya ba da mace mai ɗiban ruwa. Iya Dije ita kaɗai ce a gidanta, sai yaranka suka ɗora mata tulu. Haba! Tsohuwar da ko gani ba ta yi sosai? Mai rainon da ta rage a unguwar majema kuɗin wuri take so, fiye da abin da nake samu a kaɗi, ɗakinta ma ya cika.

Na uku, ka hana mu zuwa da goyo, wai kada ƙasa ta rufto musu. To ina za mu kai su? Watan jiya na ɗaure ƙafar ɗana Sani da ɗankwali a jikin turmi, kamar ɗan akuya, na tafi rafi. Bai cika shekara biyu ba. Ya yi ta ja har ɗaurin ya kwance, ya nufi murhu, ya cusa hannu cikin toka, ashe da garwashi a ƙasa. Ciwon ya warke, amma yatsu uku sun manne, wanzami ya ce sai haƙuri. Ɗan maƙeri ne fa, da wane hannu zai riƙe guduma? Wallahi raina a ɓace yake. Washegarin ƙunar yaranka sun zo, ba su tambayi yaro ba, fashin da na yi suka tambaya.

Roƙona ɗaya ne: a mayar mana da Iya Dije. Ni zan ɗebo ruwanta bayan nawa. A yi da wuri, ranka ya daɗe, domin matan unguwarmu sun ga abin da ya same ni, sun daina ɗaure yara da ɗankwali, igiyar rama suke saya.

Allah Ya ja zamaninka, Ya sa jikokinka su girma da mai duba su.

Wassalam.