Fastar Baba

Yaya,

Gaisuwa mai tarin yawa. Ina fatan ke da Mama kuna lafiya. Ya ƙafar Baba bayan yawon kamfen? Ni lafiya lau nake a makaranta, kada ku damu.

Kin tuna fastar takarar Baba da na taho da ita? Da ita na naɗe littafin soyayyar nan, don kada Malama ta gane. Ranar da aka faɗi sakamakon zaɓe 'yan ɗakinmu suka tasa ni a gaba. Wata ta ga littafin a kan filona ta ce, "Jam'iyyar da ta mulki ƙasa tun muna goye, yau ba ta da masauki sai kan filon wannan." Suka tambaya ko ɗan uwana ne a hoton. Na ce ban san shi ba, na fizge takardar a gabansu. Yaya, ta kan fuskarsa ta yage.

Malama ta ga littafin ta ƙwace. Wallahi ba shi ne ya hana ni cin abinci ba.

Don Allah kada Baba ya ji. In da sauran fasta a bayan ƙofa, ki aiko mini. A saman gadona zan liƙa ta, inda kowa zai gani.

Allah ya ƙara masa haƙuri.

Ƙanwarki