Ɗakin Kubura

Birnin Konni, cikin watan Yuli

Aminina Abarshi,

Assalamu alaikum. Gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya, kai da Hajiya Balki da jikoki. Ya kunnen? Ya shukar Illela, ruwa ya zauna kuwa? Tunda waya ta zame mana wahala, ina ihu kai kana neman in maimaita, na ga gara mu koma ga biro da takarda kamar zamanin da muke karantarwa a lakwal ta Tsarnawa. Ɗana Fa'izu zai ba direba a tasha ya kawo maka.

Ranar sadakar arba'in ɗin matata Kubura ka tambayi jikina, na ce maka mura ce. Ba mura ba ce. Tun faɗuwar damina nake atishawa ba iyaka, ido ja, ƙirji na kuka kamar an sa usur a ciki. Fa'izu ya kai ni likita. Lokotoron ya ɗiga min wasu ruwaye a hannu ya ɗan tsattsaga fatar, wuri guda ya tashi ya yi ja. Ya ce wasu ƙwari ne da ido ba ya gani, suna zaune cikin katifa da matashin kai da darduma da tufafin da anka jibge, damshin damina kuma ke sa su hayayyafa. Kashinsu nake shaƙa. Na tambaye shi me suke ci. Ya ce ɓarɓashin fatar mutum da ke zuba inda ya kwanta.

Ban gaya maka ba, tun da anka kai ta na bar ɗakina na koma nata. Na hana a buɗe taga, na hana a taɓa komai. Katifar audugarmu tana nan, wadda ta ƙi yarda a musanya da ta soso, har da ramin da kafaɗarta ta yi. To ka ji, Abarshi. Abin da ya rage na jikinta a bisa ƙasa yana cikin katifar nan, kuma shi ne abincin abin da ke shaƙe ni. Lokotoro ya ce a fitar da komai. Na ce masa to, don a bar ni in tashi.

Ka gaida gida duka. Ka sa ni a addu'a.

Naka,
Barmo

Birnin Konni, cikin watan Agusta

Aminina Abarshi,

Bayan gaisuwa da tambayar lafiyarku, takardarka ta iso. Na gode da nasiha. Na san rai amana ne, ni ma na sha gaya wa wasu haka.

An fitar da katifar. Na roƙi a shanya ta kawai, na ce ranar Konni ba abin da ba ta kashewa. Munka shimfiɗa ta a tsakar gida, kafin la'asar hadari ya taso, ruwa ya same ta. Ta kwana biyu tana warin rima. Fa'izu ya ɗora ta bisa amalanke, ban tambaye shi inda anka kai ta ba, shi ma bai faɗa ba.

Ƙannenta sunka zo daga Malbaza, anka raba zannuwa da sauran kaya. Liman ya ce dama riƙe haƙƙin magada ba daidai ba ne, kuma gaskiya gare shi. An cire labule, an naɗe darduma an ba ni tabarmar roba. Sabuwar katifar soso ce cikin rigar leda, in na juya sai ta yi ƙara kamar buhun taki.

Rashida, matar Fa'izu, ita ke ɗauke da wahalar. An hana tsintsiya a ɗakin, da tsumma mai laima take goge daɓen da bango, a durƙushe, ga ta da ciki. Duk Juma'a ta tafasa ruwa ta dafa zanen gadona. Shekaranjiya na daka mata tsawa, na ce ta mai da ɗakin uwar mijinta ɗakin likita. Ta ce, «Allah ya ba ka haƙuri, Baba,» ta ci gaba da gugarta. Kunya ta hana ni cin tuwo.

Abu guda ya tsira: mayafin ulunta mai kauri, wanda take lulluɓa da shi in ta idar da sallar asuba. Yana ƙasan akwatina. Kai kaɗai na gaya wa.

A gaida Hajiya.

Naka har kullum,
Barmo

Birnin Konni, ƙarshen Satumba

Aminina Abarshi,

Sallama da fatan alheri. Ina fata gero ya nuna lafiya. Ka yi haƙuri da shiruna, kwanciya na yi a likita.

Wata Laraba bayan azahar kewa ta kama ni. Na rufe ƙofa, na ciro mayafin, na kwanta na lulluɓe fuskata da shi. Ƙamshin turarenta na nan, wanda take haɗawa da hannunta. Na ji ƙirjina ya fara ɗaurewa, maganin shaƙar da lokotoro ya ba ni kuma yana nan kusa da hannuna, amma ban yaye mayafin ba. Ban san me nake nufi ba, kada ka tambaye ni. Rashida ce ta ji kukan ƙirjin daga madafa, ta banke ƙofa, ta tsayar da ɗan kabu-kabu. Sai farkawa na yi da robar iska a hanci, Fa'izu na tsaye a kaina yana share ido da hula.

Da anka sallame ni, ina shiga gida na hango mayafin bisa igiya. An tafasa shi, ya tsuke, ya koma kamar na yarinya. Rashida ta durƙusa gabana tana kuka, ta ce, «Baba, ka yafe min. Ina so abin da ke cikina ya iske kakansa.» Na ce ta tashi, ba ta yi laifi ba. Da ta shige ɗaki na kai shi hancina. Sabulu kawai.

Yanzu na warke, Abarshi. Atishawa ta tsaya, ina tafiya masallaci da ƙafata ba hutu, kowa na yi min barka. Lokotoro ya yi gaskiya cikin duk abin da ya faɗa. Ina zaune a ɗaki fes, taga a buɗe, iska na shiga har ƙasan ƙirjina, kuma ba komai a cikinta. Jiya na yi ta ƙoƙarin tuno ƙamshin nan, ya ƙi zuwa.

Hajiya Balki ƙawarta ce tun suna amare, tare suke haɗa turaren. Don Allah ka tambayar min ita abubuwan da suke zubawa. Kada ta haɗa, kada ku aiko, an hana hayaƙi a gidan kuma na yi wa Fa'izu alkawari. Sunayen kawai za ka rubuto min, in riƙa karantawa.

Allah ya bar zumunci.

Amininka,
Barmo