Tanderun Tannenbrück

Tannenbrück, kakar 1991

Yaya Wendelin,

Gaisuwa mai yawa, ya sanyin Bonn? Mun gan ka a talabijin kana caccakar gwamnati kan tattalin arziki, sanye da kwat ɗin nan da ta girmi 'ya'yana.

Ba wannan ya sa na rubuto ba. Mutanen gwamnati sun ce za a kashe tanderun masana'antar gilashinmu "na ɗan lokaci", kafin a sami mai saye. Kai ɗan mai hura gilashi ne, ka san in tanderu ya huce, narkakken gilashin daskarewa yake a ciki, sai dai a rushe. Garin nan kaf da wutar nan yake ci. Mijina Ottmar, da ke hura gilashi a can, ko dankali ya daina taɓawa. Kana kwamitin masu ba minista shawara, ka gaya musu. Tsoro nake ji, Yaya.

Ƙanwarka,
Irmtraud

Bonn

Ƙanwata Irmtraud,

Ina gaishe ku, ke da Ottmar. Na gaya musu, har muryata ta dushe. Shugaban kwamitin ya ce, "Farfesa, kasuwa ce za ta yanke hukunci." Na ce kasuwa ba ta taɓa tsayawa gaban tanderu ba. Suka yi dariya, suka miƙo mini gahawa. Takarda suka sani, ita kuwa ko ta huce ana iya ci gaba da ita gobe.

An sallame ni daga kwamitin, da godiya. Jaridu sun raɗa mini Farfesa Ba-za-ta-yiwu-ba. Ki yi haƙuri, iyakar ƙarfina ke nan.

Yayanki,
Wendelin

Tannenbrück, bazarar 1992

Yaya,

Muna gaisuwa. An kashe tanderun. Muna daga waje muna jin bulon ciki yana tsagewa, maza suka cire huluna. Mai sayen ya zo daga baya, ya leƙa, ya koma motarsa. 'Ya'yana sun tafi Stuttgart neman aiki. Ottmar yana wuni a bakin taga.

Irmtraud

Bonn, 2009

Ƙanwata,

Da fatan ƙafarki ta yi sauƙi. Wai yanzu an gano ina da gaskiya. An tara mutane, an yi tafi, an ba ni kyautar hangen nesa. Kin san mene ne? Kofin gilashi. Na juya gindinsa yadda Baba ya koya mana: ba a ƙasar nan aka yi shi ba. Ban taɓa jin baƙin ciki irin na ranar ba. Zan aiko wa Ottmar, ya duba mana aikinsu.

Wendelin

Tannenbrück

Yaya,

Na gode, amma ka riƙe kofinka. Ran Talata muka binne Ottmar. Ba wanda ya rage a garin nan da zai iya duba maka.

Ka huta lafiya.
Irmtraud